Zakin da Muntaka Ya Kawo wa Karfasa

Duk wanda ya hau adaidaitar Muntaka daga Gyadi-Gyadi zuwa Tarauni, to ya shirya kunnensa, domin tafiya ɗaya zai yi amma lacca biyu zai sha. Siyasa ya sani, maganin basir ya sani, injin jirgin sama ma ya ce in an ba shi sifana zai kwance ya ɗaura. Sai dai fannin da ya fi cika baki a kai shi ne dabbobi. Hujjarsa kuwa ita ce ya yi shekara da shekaru yana sauke fasinja a ƙofar gidan zu, kuma wayarsa cike take da bidiyon zakuna suna kayar da ɓauna. Cikin gidan dai bai taɓa shiga ba, ya ce warin wurin yana sa shi atishawa.

Abu ɗaya ne ya gagari Muntaka a duniya, shi ne Hajiya Uwani ta Tarauni, mahaifiyar Safiyyah. Ya daɗe yana neman Safiyyah, ita ma tana sonsa, amma tun rasuwar mahaifinta kawunanta ba sa yanke komai sai sun ji ta bakin Hajiya. Ita kuwa Hajiya duk lokacin da aka tambaye ta ranar da zai turo magabata, sai ta ce a ɗan dakata, tana nazarin yaron tukuna.

A kangon da ke jikin gidanta, Hajiya tana da wani ramin siminti da take kiwon karfasa a ciki. Ba na sayarwa ba ne. Ta ware su ne domin walimar auren ɗanta Bashir, har ta riga ta shaida wa matan layin cewa ranar soyayyen kifi za a ci har a yi guzuri. Kwatsam sai ga waya daga Gusau, babbar 'yarta ta haihu, dole ta je ta zauna da ita har a gama wankan jego. Bashir yana aiki a Kaduna, Safiyyah kuma da sassafe take fita kwaleji. Wa zai kula da kifi?

Muntaka ya ji labari, ya zo ya tsuguna a zaure ya kwashi gaisuwa.

"Hajiya, in dai kifi ne, ki tafi ki yi barcinki da minshari. Ni da dabba kallo ɗaya muke yi mu fahimci juna."

"Ka taɓa kiwo?"

"Kiwo? Hajiya, ni da nake wuni a ƙofar gidan zu?"

Hajiya ta dube shi daga hula har takalmi. "To, ba wani aiki ba ne. Ka watsa musu abinci safe da yamma, in ruwa ya ja baya ka ƙara. Kada ka sa komai, kada ka cire komai. In na dawo na same su lafiya, sai mu yi maganar magabatan nan."

Muntaka ya fito yana tafiya kamar wanda aka naɗa wa rawani.

Washegari ya watsa abinci, ruwan nan kore ya tafasa da kifi, baki ko'ina. Yawa kam akwai, amma babu wadda ta kai tafin hannu. Abin ya ɓata masa rai ƙwarai. Wannan za a kai gaban baƙi? A ce shi ne ya yi rainon waɗannan 'yan firit ɗin? Bai tsaya ko'ina ba sai teburin mai shayi na bakin titin Gyadi-Gyadi, inda ya saba buɗe makarantarsa.

"Ku ba ku san sirrin daji ba," in ji shi, yana kaɗa cokali. "Kun ga barewa? In babu zaki, sai ta yi ta haihuwa har ta cinye ciyawar dajin, kowa ya rame. In kuwa da zaki, sai ya kwashe ragwaye da marasa lafiya, sauran su samu wuri su yi ƙiba. To karfasar Hajiya ba abinci suka rasa ba, zaki suka rasa."

"To zakin za ka jefa musu a ruwa?" in ji mai shayi.

"Kai dai soya ƙwai. Ruwa ma da nasa zakin, tarwaɗa kenan."

Abin haushin shi ne maganar tasa akwai ƙamshin gaskiya a cikinta. Muntaka ba maƙaryaci ba ne. Gaskiya yake ɗauka ya yi ta hura mata iska har ta fashe a hannunsa.

Ya nufi Ƙauyen Alu wajen Bello, mai ƙyanƙyasar kifi. Bello ya saurare shi, ya gyaɗa kai, ya kai shi gaban wani baho mai 'yan ƙananan tarwaɗa kamar yatsu.

"Irin waɗannan ake sakawa kaɗan, su riƙa tsince 'ya'yan karfasa."

Muntaka ya yi tsaki. "Malam Bello, ma'aikata na zo ɗauka, ba 'yan yaye ba. Waɗancan fa?"

Waɗancan wasu manya ne guda uku a tanki na daban, kowace ta kai cinyar ƙato, ga gashin baki kamar na tsohon ɗan sanda.

"Ai waɗannan iyaye ne, sun gama aiki. Duk abin da ya shiga bakinsu ya tafi kenan."

"Madalla! Irin su nake nema. Zuba mini su duka."

Aka zuba su a baho, aka ɗora a bayan adaidaita, aka rufe da buhu. Da Muntaka ya wuce kai tsaye da an zauna lafiya, amma idonsa ya hango wani Alhaji a bakin hanya cikin farar shadda, yana sauri za shi ɗaurin aure Daurawa. Ya ce Alhaji ya shigo, kaya ne kawai a gefe. Ba su yi nisa ba tayar gaba ta faɗa rami, buhu ya zame, babbar cikinsu ta yi tsalle ta sauka a cinyar Alhaji ta fara rawa.

"Innalillahi! Maciji! Maciji!"

"Haba Alhaji, maciji da gashin baki?"

Alhaji bai tsaya jin bayani ba, ya dira tun kafin a taka birki, shadda ta zama taswira. Muntaka ya kai hannu zai mayar da ita baho, ƙayar gefenta ta soke shi a babban yatsa. Ya yi ƙara, ya tsotse yatsan, sannan ya yi murmushi. Ya ce wadda ta iya sukar ubangidanta ai ba za ta yi wasa da aiki ba, nan take ya sa mata suna Janar. Sauran biyun suka zama Kanar da Manjo.

Safiyyah ta dawo daga kwaleji ta tarar yana juye baho a ramin.

"Yaya Muntaka, Umma fa ta ce kada a sa komai."

"Ba sawa na yi ba, tsari na kawo. Ke da kike karatu ai ya kamata ki fi kowa ganewa."

"Ni dai abin da na gane shi ne bakin waccan ya fi kan karfasa faɗi."

"Wannan shi ake kira kayan aiki."

Daga nan ya ɗaure bakin buhun abincin kifi ya tura shi lungu. Ya ce ma'aikaci in ya ƙoshi barci yake yi, gara a bar su Janar da yunwa su nemi na kansu. Karfasa kuwa ga gansakuka nan cike da ruwa, su yi ta kiwo kamar barewa.

Da farko abin ya yi masa daɗi. In ya tafa hannu a bakin rami, bakunan da ke fitowa sun ragu, ya ce an kwashe ragwaye. Da suka ƙara raguwa, ya ce an kwashe marasa lafiya. Da suka koma sai ɗaya nan ɗaya can, sai ya tsaya ya riƙe ƙugu. Lissafin zaki dai ba zai yi kuskure ba, saboda haka ɓarawo ne ke shigowa daga waje. Yana ɗaga kai sai ga mage a kan katanga tana hamma.

Magen ta Baba Lawan ce, maƙwabcin Hajiya, tsohon ma'aikacin gidan ruwa da ya yi ritaya, wanda aikinsa yanzu shi ne zama a kan tabarma da rediyo. Muntaka ya same shi a ƙofar gida.

"Baba, ina wuni. Magenka tana yi mini ɓarna."

"Wace magen? Wannan da haƙoranta biyu suka rage? Kunu nake dama mata, ɗana."

"Baba, mafarauci ba ya ritaya."

"Ita dai ta yi. Ɓera a gabanta yake wucewa, sai dai su gaisa. Kai me ka zuba a ramin nan ranar da ka zo da baho?"

"Wannan sirrin sana'a ne."

"To Allah Ya rufa asirin sana'a."

Muntaka ya kafa wa mage tarko da kwando da sanda da guntun kifi. Kwando ya kama zakaran Baba Lawan. Ya sake kafawa, ya sake kama zakaran, wanda da alama ya ɗauki wurin gidan abinci. Ya canza dabara ya ɗaura igiya mai zarge a bakin ƙofar kango, ya manta, da yamma ya shigo da gudunsa ya kife da ƙasa, mage tana kallonsa daga kan katanga.

Ya wanke mage daga zargi, ya koma kan balbela, domin ya ga wata ta gifta ta sama. Ya kwaso gidajen sauro har da nasa na kwana, ya ɗinke su ya lulluɓe ramin, sauron Gyadi-Gyadi suka samu biki a jikinsa. Bai tsaya nan ba, ya haɗa mutum-mutumi da kara, ya sanya masa tsohuwar babbar rigarsa ta Sallah da hula, ya kafa shi a gindin rami. Ɗan garuwa da ke kawo ruwa ya shigo ya yi masa sallama har sau uku, ya fito yana cewa tun da Muntaka ya fara neman 'yar Hajiya girman kai ya shige shi. Baba Lawan ya leƙo ya duba, ya ce shi dai in za a ba shi zaɓi, wannan na karan zai ba auren, domin tun safe bai ce komai ba.

Duk wannan bai rage wa Muntaka baki ba. Kowane fasinja sai ya ji labarin karfasar da ake kiwo da ilimin daji. Ya gaya wa mai shayi cewa ranar kamu sai an nemo manyan kasko daga gidan masu biki, domin na gida ba zai ɗauki ko ɗaya ba. Ya gayyaci 'yan layin adaidaita na Gyadi-Gyadi, ya gayyaci na Unguwar Gano, ya ce kowa ya zo da wayarsa a cike da caji.

Ana cikin haka, wata ranar Asabar da hantsi, agwagwar wata maƙwabciya ta shigo kango da 'ya'yanta a jere. Muntaka da Safiyyah suna tsaye a bakin rami. Ɗan autan cikinsu ya bi ta inda gidan sauro ya yage, ya faɗa ruwa, ya fara iyo cikin jin daɗi. Sai ruwa ya buɗe, ya rufe. Ɗan agwagwa babu shi.

Safiyyah ta juyo ta dube shi.

"Yaya Muntaka, ka gani?"

"Nitso yake koyo."

Suka jira. Uwar tana ta kewaya rami tana kuka.

"Ya fa daɗe."

"Akwai masu dogon numfashi."

"Don Allah mu rage ruwan nan mu ga abin da ke ƙasa, tun kafin Umma ta dawo."

Gaskiya a nan Muntaka ya tsorata. Ya tafa hannu a bakin rami, ko baki ɗaya bai fito ba. Amma mutumin da ya gayyaci unguwa biyu ba ya rage ruwa a ɓoye. Ya share goshi, ya nemo bayani, ya kuwa samu.

"Safiyyah, kin taɓa ganin babban mutum yana leƙe ta taga? Da suna ƙanana ne suke fitowa. Yanzu sun yi nauyi, suna ƙasa suna hutawa. Kina so ki ɓata wa Umma mamakin?"

Safiyyah ta dube shi, ta dubi mutum-mutumin, ta shige gida.

Hajiya ta dawo ana jibi walima, a gajiye, ta ce a bar kamu sai da safe. Gari na wayewa kango ya cika. Matan layi sun zo da bahuna da wuƙaƙe, an daka yaji, an jera duwatsun murhu, man gyaɗa yana jira a jarka. Ango Bashir ya iso daga Kaduna. 'Yan adaidaita sun jera kekunansu tun daga bakin layi, mai shayi ya bar wa ƙaninsa tebur ya taho. Baba Lawan ya jawo tabarmarsa gaba, ya kashe rediyo, ya ce yau ba ya bukatarta. Aka ajiye wa Hajiya kujera a inuwa.

Muntaka ya fito cikin sabon yadi ruwan madara, ya hau bakin rami ya yi gyaran murya.

"Hajiya, iyaye, 'yan uwa. Abin da za ku gani yau ba sihiri ba ne, ilimi ne. Hajiya ta bar mini kifi kamar ganyen zogale. Na duba, na yi nazari, na kawo musu abin da daji yake da shi su ba su da shi."

"Me ka kawo musu?" in ji Hajiya.

"Shugabanci, Hajiya."

Ya yaye gidajen sauro, ya zare toshiyar bututu, ruwa ya kama hanyar lambatu. Wayoyi suka tashi sama. Ruwa ya sauka kamu ɗaya, babu motsi.

"Suna ƙasa," in ji Muntaka.

Ruwa ya sauka zuwa gwiwa.

"Manya ne, sai a hankali."

Ruwa ya sauka zuwa idon sawu. Wata tsohuwa ta ajiye wuƙarta. Mai shayi ya tambaya ko ramin yana da bene na ƙasa. Can ruwa ya tsiyaye sai laka, a tsakiyar lakar kuwa ga wani abu baƙi kwance, ya yi kusan tsawon taɓarya, cikinsa ya yi tulu, yana kaɗa gashin baki yana kallon jama'a ɗaya bayan ɗaya. A kusurwa ga ƙoƙon kai guda biyu, fes, an sharce su.

"Janar," in ji Muntaka, murya can ƙasa.

"Waɗancan kawunan fa?" in ji Bashir.

"Kanar ne da Manjo."

"Ashe juyin mulki aka yi," in ji Baba Lawan.

Wuri ya kaure da dariya. Muntaka ya ga in ya tsaya a sama kunya za ta kashe shi, sai ya tattare wando ya dira cikin rami, wai zai duba ƙarƙashin Janar ko karfasa sun ɓuya. Ya rungumo ta, ta sulɓe. Ya sake rungumowa, ta juyo da wutsiya ta shimfiɗa masa mari, hula ta yi gefe guda. Ya zame ya zauna daɓas, ya tashi, ya sake zama. 'Yan adaidaita suka kasu biyu, wasu na cewa ya kama ta ta kai, wasu na yi wa Janar kirari. Sai da Bashir da ɗan garuwa suka jefa mata buhu suka danne, sannan aka fito da ita, aka fito da Muntaka, kuma daga nesa da wuya ka ce ga wanda ya fi wani baƙi.

Mata suka taru a kanta da wuƙa. Da aka farke cikin, sai ga karfasa guda ɗaya, ba ta ko fara narkewa ba. Aka miƙa wa Hajiya. Ta riƙe ta da yatsu biyu ta ɗaga sama.

"Sannu 'yar nan. Ke kaɗai kika yi ƙoƙarin jirana."

Muntaka ya matso yana ɗigar laka, ya tsuguna.

"Hajiya, a ilimance dai tsarin ya yi aiki. Babu abin da ya ɓace. Duk naman karfasar nan yana jikin Janar, wuri ɗaya kawai aka tara shi."

"Haka ne. Ka rage mana wankin kwanuka."

Ta juya ta ce Bashir ya nemi mota a tafi kasuwa neman kifin ƙanƙara, ta ce matan layi su kwashe manyan kaskon nan kada su yi ta kallonta. Muryarta ba ta tashi ba, amma kowa ya ga ranta ya ɓaci, domin ita ce ta yi wa layi alkawari da bakinta. Jama'a suka fara zamewa. Mai hankali da ya bi su. Muntaka kuwa ya gyara tsuguno.

"To Hajiya, maganar magabatan fa?"

Waɗanda suka kai ƙofa suka dawo.

Hajiya ta dube shi har sai da ya sunkuyar da kai. "Muntaka, karfasa ba ta cefane, ba ta ciwon kai, ba ta neman anko. Abinci kawai aka ce ka watsa mata. Ka ce da magabatan naka su yi zamansu, kada su wahalar da ƙafa."

Wannan karon babu wanda ya yi dariya, har Baba Lawan.

Muntaka ya fito ya tsaya a jikin adaidaitarsa, laka tana bushewa a sabon yadi, tausayin kansa ya kama shi. Ya daɗe a wurin yana kallon ƙofar gidan. Can ƙofa ta buɗe, Safiyyah ta leƙo da baƙar leda a hannu. Ya taho da sauri ya karɓa. Leda tana da nauyi, gashin baki ya ɓullo ta gefe.

"Umma ta ce kan Janar rabonka ne, ku yi farfesu kai da magabatan."

Idonta ya yi ja. Ya buɗe baki zai yi mata bayani, ta mayar da ƙofa ta sa sakata.